Gwangwanin da Muka Ba Kogi

Zuwa ga jikar Yayata, amaryata mai gudun miji,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kin koma makarantarku ta koyon fim lafiya, kin tarar da malamanki lafiya. Mu nan sai godiyar Allah. Gwiwata tana nan yadda kika bar ta. Kunne kuwa ya ƙara gaba. Shekaranjiya tela ya tsaya a kaina yana ta ihu har jijiyar wuyansa ta fito, sai da na ce ya cire allurar da ke bakinsa sannan na gane cewa ke ce kika kira a wayarsa. Ki daina wahalar da kanki. Ni yanzu da ido nake jin magana, waya kuwa ba ta da leɓe. Takarda ta fi mana.

Kakarki tana gaishe ki. Tun ranar da na zaga da ku a kwale-kwale kina ɗaukarta a kyamara ta zama wata iri, sai ka ce an sauke mata buhu daga ka. Tana cin abinci, tana tsokanar mutane, har ta sa an sayo mata sabon zane. Ba mamaki. Labarin kogin nan da ta zazzage miki, daga mashigin sama har na ƙarshe, tun tana budurwa take ɗauke da shi, ba ta taɓa kwance shi gaba ɗaya a gaban kowa ba. Ni kaina ban san abin da ke ciki ba. Kin ga ai ranar ina can baya riƙe da gora, ƙeyarta kawai nake kallo. Ta ce yanzu ko gobe aka kira ta ba komai, tunda na'urarki ta haɗiye maganar duka.

To, ga batun aikenki. Gwangwanin da kika bar mini da zaren fim ɗin a ciki, kika ce in nutsar a kogi har ruwa ya cika ya ja baya, na nutsar. Amma amarya, wa ya koya miki ajiya? Murfin ko kamawa ba ya yi. Sai na zauna na naɗe shi da leda, na narka kwalta na bi bakin murfin kamar yadda nake toshe jirgi, na sake naɗewa, sannan na ɗaure shi da dutse a gindin turkena. Ko ɗigo ba zai shiga ba. Na tsufa ina raba ruwa da abin da bai kamata ya jiƙe ba, ba a kan maganar Yaya zan fara sakaci ba. Ba sai kin gode ba.

Madatsar da ake ginawa can sama, an ce bana za a rufe ƙofofinta. In haka ne, wannan cikar ita ce ta ƙarshe da za mu gani. Dama tun da aka yi gada fasinjana ba ya wuce mai tsoron babur da mai akuya.

Naki,
tsohon angon da kika bari, mai fito.

*

Kaka mai fito, angona na kaina,

Wa alaikumus salam. Na sami wasiƙarka, na ji daɗi kuna lafiya. Ni ma ƙalau, sai aiki da ya sha mini kai, a tsaye ma nake rubuta wannan. A gaishe da Iya, a ce kada ta tsufar da sabon zanen kafin in zo in gani.

Kaka, na karanta na rasa dariya zan yi ko kuka. Kwalta! Ai ka kashe mini aikin ɗungurungum. So nake ruwan ya shiga. Fim ɗin da nake yi ba irin wanda kuke kallo a shagon tela ba ne, mai jarumi da mugu. Kowa in ya zo daga waje yake ɗaukar kogi, kamar baƙo mai leƙe ta taga. Ni so nake kogin ya sa hannunsa a kan zaren da kansa. Laka ta zauna, gansakuka ta fito, tsatsa ta ci gefe, duk abin da ruwan ya kwaso daga garuruwan da ya ratsa ya bar tabonsa a jikin hoton. In aka haska, mai kallo zai ga Iya, ya ga kuma kogin kwance a kan fuskarta. Kafin su toshe masa baki da madatsar nan, gara ya faɗi nasa.

Don Allah ka ciro shi tun ruwa bai yi ƙarfi ba. Ka ɓamɓare kwaltar, ka sa ƙusa ka huda gwangwanin ta ko'ina, ka mayar. Kada ka damu da Iya, ba abin da zai ɓace. Ƙari kogin zai yi mata.

In ka sake sa kwalta, a bakin aurenmu.

Amaryarka.

*

Amarya,

Sallama da gaisuwa. Ina fatan kina lafiya. Ni da sauƙi. Yaya ce ba lafiya, zan zo kan wannan.

Na yi abin da kika ce. Da na kai inda kika rubuta ba abin da zai ɓace, sai na ce to, 'yar boko ta ajiye wani a wurinta, wannan na wasa ne. Na ciro gwangwanin, bushe ƙayau, na ɓamɓare aikina mai kyau da wuƙa. Na zauna a benci gaban shagon tela ina dukan ƙusa. Ya leƙo ya ce, “Tsoho, rariya kake ƙerawa?” Na ce ilimi ne, ba zai gane ba. Ya ce, “Kai ka gane?” Na yi kamar ban ga bakinsa ba. Da na mayar da shi ruwa sai ya yi ta fitar da kumfa, kamar mai nutsewa. Ban ji daɗin ganin haka ba, amma na ɗaure na hau tudu.

Bayan haka ba da daɗewa ba Yaya ta faɗi a bakin randa da hantsi. Mun kai ta asibiti, sun ce shanyewar ɓarin jiki ce. Mun dawo da ita gida, tana kwance a ɗakinta, gadon mun juya shi ya fuskanci ƙofa don ta riƙa ganin ruwa. Tana gane mutane. Amma bakin ya karkace, magana ba ta fita. Ko ni, da na fi kowa sanin leɓenta, ba na iya tsintar komai.

Bari in gaya miki abin da na zaci kin sani, don da alama babanki bai gaya miki ba. A gidanmu labarin kogi mace ke riƙe shi, ta ba mace ɗaya, sau ɗaya, a kan ruwa. Ba a maimaitawa. Yaya daga gwaggonmu ta karɓa. A ciki akwai wanda ya fara sauka a kowane mashigi, da inda ya fito, da dalilin gudunsa, da gidajen da ba sa auren juna da abin da ya raba su, da wurin da kowane mamacin ruwa ya tsaya. Mai bukata yakan zo ya tambayi nasa, ta yanko masa daidai nasa, ya tafi. Ta daɗe tana jiran mai karɓa, 'yan matan gidan duk sun watse birane. Da kika zo kika ce kogi ya kawo ki, har da na'ura, sai ta ce Allah ya kawo mata mai karɓa biyu, in ɗaya ya manta ɗaya ya tuna.

Yanzu da maganar madatsa ta tabbata, mutane sun fara shirin tashi, kowa kuma yana so ya ji nasa kafin ya tafi. Jiya mai kifi ta zo ta durƙusa a bakin gadon, wai a gaya mata inda ruwa ya ajiye kakanta, ta je ta yi masa addu'a tun ana gane wurin. Yaya ta yi ta ƙoƙari, yawu na zuba. Ƙarshe ta ɗaga hannun mai lafiyar ta nuna hanyar tasha, inda kika hau mota.

Saboda haka ki turo muryar a wayar tela. A kunna wa masu kunne.

Kakanki mai fito.

*

Amarya,

Gaisuwa. Wannan ta biyu ce, ban ga amsar waccan ba. Ko fushi kike da maganar kwalta har yanzu? Tela ya kira wayarki, ya ce a kashe take.

Ruwa ya cika, ya rufe turken, ya kai gindin bishiyar da kika ce hasken wurinta ya fi kyau. Ban taɓa ganinsa ja haka ba. Yaya ta daina karɓar abinci sai ruwa-ruwa. Duk wanda ya shigo sai ta kalli hannunsa, ta ga ko waya ce ya riƙo.

Ba na son matsa miki, na san karatu. Amma ki hanzarta.

Kakanki.

*

Kaka,

Ina gaishe ka, ina gaishe da Iya. Allah ya ba ta lafiya, ya sa kaffara ne. An tafi da mu ɗaukar wani aiki a inda waya ba ta kamawa, jiya na dawo na tarar da wasiƙunka biyu a ƙarƙashin ƙofa. Tun jiya nake ɗaukar biro ina ajiyewa.

Kaka, babu murya. Kyamarar nan tsohuwa ce, irin wadda ake murɗa wa makulli kamar tsohon agogo. Hoto kawai take ɗauka, ba ta da kunne ko kaɗan. Da gangan na zaɓe ta, don na ƙudura ba za a ji maganar mutum a fim ɗin ba, sai ƙarar ruwa da zan ɗora daga baya. Na zaci kun sani. Na ga inda ka rubuta na'ura ta haɗiye maganar, na ɗauka irin zancenka ne na tsofaffi, har na yi murmushi.

Wani zaren kuma babu. Wanda ke ruwa shi kaɗai ne. Na ƙi yin kwafi don kada ya zama wasa, na ce in dai za a ba kogi, a ba shi na gaske. Da na ce ba abin da zai ɓace, nufina ko tabo ya hau hoto, hoton yana nan a ƙasa.

Ni ce mai karɓa ta biyun, ko? Na zauna na matse kaina. Kaka, kyamarar tana manne da kunnena tana ƙara kamar keken ɗinki, idona ɗaya a rufe, hankalina yana kan rana kada ta shiga bayan gajimare. Na tuna ta ambaci wasu mutane da suka zo da raƙumi ɗaya. Na tuna ta yi dariya a wani mashigi, ta yi shiru mai tsawo a wani. Iyakarta ke nan. Na zaci hira take yi mini irin ta kaka da jika.

Kada ka gaya wa Iya. Ko ka gaya mata. Ban sani ba, kai ka san abin da ya fi. Ina neman izinin tahowa.

Jikarku.

*

Jikata,

Assalamu alaikum. Ki yi haƙuri, ki ƙara haƙuri. Yaya ta rasu ranar Talata da azahar, mun kai ta kafin la'asar. Wasiƙarki sai ranar Alhamis ta iso. Don haka tambayarki ta amsa kanta, ban gaya mata ba. Ta tafi tana ganin ta ba da ajiya a hannu mai kyau. Kada ki taso yanzu, ba abin da za ki tarar sai tabarmi.

A wurin zaman makoki na karanta takardarki. Na kai inda kika ce hoto kawai take ɗauka, na tsaya. Na sake karantawa. Sai na miƙe a tsakiyar mutane na nufi bakin ruwa, har ana cewa tsoho ya zautu.

Ke ba ki yi tunanin wannan ba, ni ma sai lokacin ya faɗo mini. Me zan yi da murya? Tun da kunnena ya mutu, da leɓe nake hira da Yaya. Na san yadda take cije na ƙasa kafin ta faɗi sunan wanda ba ta so. Na san bambancin “ruwa” da “rawa” a bakinta daga tsallaken tsakar gida. Na'urarki kurma ce, to ni ma kurma ne, mun san yaren juna. In fuskarta tana cikin zaren nan tana magana, a zaunar da ni gabansa, zan karanta miki shi daga mashigin sama har na ƙarshe, ke kuma ki karɓa. Ai ba maimaitawa ba ce, faɗar farko ce ba ta ƙarasa isowa ba.

Sai dai zaren yana ƙarƙashin ruwa tun farkon cika, a gwangwanin da na huda da hannuna.

Turken ya nutse, ban iya kai wa gare shi ba. Mijin mai kifi ne ya shiga, ya yi ta lalube har ya kamo igiyar. Da ya ɗago gwangwanin ruwa ya yi ta tsiyaya ta hudojin, baƙi, mai wari. Dodon koɗi ya manne a murfin. Ban buɗe ba, na ji tsoron hannuna, ya riga ya yi ɓarna sau ɗaya. Na naɗe shi a sabon zanen Yaya, wanda ba ta samu ta ɗaura ba, na ba direban da ke kai muku saƙo.

Na kwana biyu ina tuna kwaltar nan. Aikin ya yi kyau, wallahi. Da na yi miki taurin kai irin wanda na saba yi wa kowa, da yanzu ba wannan zancen muke ba. Sau ɗaya na ji maganar mace a rayuwata.

Ki buɗe a hankali. Ki gaya mini gaskiyar abin da kika gani.

Kakanki.

*

Kaka,

Allah ya jiƙan Iya, ya sa ta huta, ya ba mu haƙuri. Ina fatan kana cin abinci. Saƙo ya iso, zanen yana wurina.

Ka ce in faɗi gaskiya. Mun warware zaren ni da malamina, a cikin ruwa mai tsabta, kaɗan-kaɗan. Fatar da hoton ke zaune a kai ta jiƙa ta saki. Wani wurin tana zamewa a yatsa kamar majina, wani wurin ta tafi gaba ɗaya, sai roba fara. Da ya bushe muka haska a bango. Ja ne da kore da ruwan ƙasa suna gudu, kamar ana kallon gari ta cikin ambaliya. Wani lokaci inuwar kai takan taso, ko gefen kwale-kwale, ko hannunka da gora, sai laka ta rufe. Baki babu, Kaka. Na riƙa tsayar da shi hoto bayan hoto ina nema.

Sai can tsakiyar naɗin, inda ya matse ruwa bai shiga sosai ba. Farkon abin da na ɗauka ne, muna barin mashigin sama. Nan fuskarta ta fito sarai, tana kallona, bakinta yana motsi. Bai fi a ja numfashi uku ba. Na tura shi wayar tela.

Malamina ya ce bai taɓa ganin aikin ɗalibi irin wannan ba, wai kogi ya yi magana. Suna so a nuna shi a babban zaure. Na tashi na fita waje.

Ban san abin da zan ce musu ba. Ka duba mini, ko suna ɗaya ne a ciki, ko na mutanen raƙumin ne. Duk abin da ta ce, ina so in ji. Kada ka rage mini.

Jikarka.

*

Jikata,

Sallama. Ina lafiya, ina cin abin da ya samu. An rufe madatsar. Ruwa ya ja baya irin jan da ba na dawowa ba. Turkena yana tsaye a kan yashi, jirgin yana kife kusa da shi, awaki suna kwana a inuwarsa. Mai kifi da mijinta sun tashi. Kafin su tafi ta je bakin ruwa ta yi addu'arta a inda ta ga dama, ta ce Allah ya san wurin.

Na je shagon tela da safe. Ya kashe keke, ya kore masu zaman banza, ya goge gilashin wayar da gefen rigarsa ya riƙe mini. Ashe haka fuskarta take ranar. Ni da na wuni ina kallon ƙeya. Ta sa kwalli, ban ma lura ba.

Ba sai da aka maimaita ba, tun a kallon farko na karanta. Amma na sa ya yi ta maimaitawa har wayar ta yi zafi.

Babu suna a ciki. Ba ta fara ba tukuna. Ta gyara zama, ta kalli na'urar, ta kalle ki, ta ce, “Ke, abin nan naki yana ji na kuwa?”

Daga nan sai hoton ya yi ƙasa, ya yi sama. Ta yi murmushi, ta juya wajen ruwa, ta cika ƙirji da iska, ta buɗe baki. Sai laka.

Tela ya ce, “Igiyar ruwa ce ta kaɗa ku nan.” Na bar shi a haka. Amma ni ke riƙe da gora ranar, ruwan kwance yake kamar mai a faranti. Kai kika gyaɗa mata, da kyamarar a idonki.

Kin ce kada in rage, shi ya sa. Na san ba ki ji tambayar ba. Ni ma haka nake yi kullum: mutum ya yi ta magana, in ga ya dakata yana kallona, sai in gyaɗa kai don kada ya ji kunya. Allah kaɗai ya san abubuwan da na amsa wa mutane a garin nan.

Fim ɗinki ki bar su su nuna. Da shi da babu, gara shi, kogin ma ba a bar mana ba. Abu ɗaya nake roƙo, kada ki ɗora ƙarar ruwa a kan wurin da take magana. Ki bar shi shiru, ko a cikin masu kallo akwai kurma.

Da zan fito tela ya riƙo hannuna ya juyo da fuskarsa saitin idona, ya ce, “Tsoho, wai me ta ce?”

Na ce gaishe mu take yi.

Kakanki,
wanda dā yake fito.